Duwatsun Murhu a Kufai

Da na gama makaranta, aikin da na fara samu shi ne zagayawa da baƙi a wani kufai da ke bakin kogin Kwara, tsakanin Bagudo da iyakar Benin. Ambaliya ce ta tashi garin, ba wanda ya sake komawa. Baƙina masu nazarin ruwa ne da masu ɗaukar hoto, su ma sai an daɗe ake ganinsu. Nakan wuni a rumfa ni kaɗai ina kallon balbelu, har na fara gaishe su.

Wata rana da hantsi kwale-kwale ya tsaya, wata tsohuwa ta sauko.

"Ɗiyata, ke ce mai nuna gari?"

Na miƙe har ina ture kujera. Yau ga mai amsa mini magana!

A garin aka haife ta, aure ya kai ta Benin. Jikarta za ta tare, tana so ta ba ta duwatsun murhun da ita tsohuwar ta taso ta ga mahaifiyarta na girki a kai.

Mai kwale-kwalen ya ce, "Inna, ruwa na ƙaruwa. Rana na take tsaka zan tafi, da ke ko ba ke."

"Tafi mana, marar kunya, ka ga ko uwarka za ta bar ka ka kwana gida!"

Muka shiga kufan. Katangu duk sun narke, laka ta shafe hanyoyi. Ta juya gabas, ta juya yamma, ba ta gane komai ba. Idonta ya ciko.

"Akwai dai lalle a bayan ɗakinmu," ta ce a hankali.

Na dubi tafin hannuna, jawur. Bishiyar lalle ɗaya ce a duk kufan, ita nake tsinka ina ƙunshi saboda rashin abin yi. Na kama hannunta, ina gudu tana zagina tana dariya.

Muka tona da icce, muka tona da farce. Dutse ya fito, baƙi ƙirin da tsohon hayaƙi, na biyu ya biyo shi. Na uku ya ƙi. Can bakin ruwa mai kwale-kwale na ta buga filafilin tuƙinsa don mu yi sauri.

Sai tsohuwa ta tsallaka gidan maƙwabta, ta ciro ɗaya daga murhunsu.

"Inna, na mutane ne fa!"

"Matar gidan nan kullum a murhunmu take ɗiban wuta. Ɗauki mu tafi."

Na ɗora biyu a ka, ta rungume ɗaya. Mun isa mai kwale-kwalen yana kwance igiya, laka har gwiwarmu. Ya yi ta ƙorafin nauyi, amma shi ya miƙo hannu ya karɓa.