Jirgin Ruwa Ba Matuƙi

Yayana ya tokare tayar motarsa da tubalina, ya raba shi biyu. Laifin ke nan, kuma har yau ban huce ba. Za ka ce ai tubali ne kawai. Tsaya ka ji.

Muna yara a can ƙasar waje, a gidajen haya na titin High Point Road, Baba yana karatu a jami'a, akwai wani tsoho ɗan Bengal a ƙasan benenmu, ya zo zama wurin ɗansa. A garinsu, gidansu ne ke yi wa ɗakunan bauta ado da gasasshen yumɓu, bango sukutum dawaki, furanni, mata na tatsar shanu. Ranar da ruwan bazara ya tone jar ƙasar bayan gidan, tsohon nan ya durƙusa ya shinshina ta kamar ya ga ɗan garinsu.

Sai ya fara yin tubali da ita. Tun ina kallo har na shiga kwaɓi da ƙafa. Shi kuma yana sassaƙa da tsinken gora, harshe a waje. Gashi a tsohuwar durom ake yi, da gawayi. Mama takan biyo garwashin da masararta, ƙanshin ƙasa da na masara su cika farfajiyar, maƙwabta su yi ta leƙe.

Da ya ce zai yi mini nawa tubalin, Baba ya sa sharaɗi: ban da surar mai rai. Tsohon ya gyaɗa kai. Ya fitar da jirgin ruwa, ganye kewaye da shi, ba kowa a ciki. Na ce, ina matuƙin?

"Ya sauka cin abinci," in ji shi.

Baba ya yi dariya har ya cire tabarau. Kafin a gasa, tsohon ya kama babban yatsana ya danna a kusurwa, wai mai aiki ba ya tafiya bai bar alama ba.

Tsohon ya koma ƙasarsu, titin ma an sake masa suna. Ni boko bai karɓe ni ba, kwali nake ɗauka a sito a Wendover. Da zan sake gida na kai tubalin ajiya garejin Yaya a Summerfield, shi likita mai fili. Can na tarar da shi ƙarƙashin taya.

"Haba, kai ma," in ji Yaya, "bulo ne fa."

Na ɗauko ɓarin mai yatsan na sa masa a tafin hannu. Na ce, "Yaya, takardun da ka jera a bango ban taɓa taɓa maka ko ɗaya ba. Tawa shaidar ke nan ka taka. Tashi ka nemo gam, kuma kai za ka riƙe har ya bushe."