Abin da Aka Kira Kakana

Ku yi haƙuri, ban saba rubutu a nan ba.

Jiya ina tsefe wa kakata kai, ina ba ta labarin wani bidiyo da ya ce 'yan gurguzu ne suka ingiza baƙaƙen fatar Amurka neman 'yanci. Har na tura wa 'yan ajinmu.

Sai ta riƙe hannuna. "Ke 'yar boko, haka aka kira kakanki don ya ce a daina dukan talaka. Shekara biyu ba mai bin sa salla."

"Hajiya, ɗan gurguzun ne?"

"Marini ne. Har ya rasu bai san ma'anar kalmar ba."

Na goge bidiyon, amma 'yan ajinmu sun riga sun kalla. Na kasa sukuni. Kun yarda in sake rubuta musu in gyara ɓarnata?