Injiniya Sule da Jirginsa na Wasa

Tarihin Hausawan Riyad ba zai cika ba sai an ware babi guda don marigayi Injiniya Sule da wasansa na kwamfuta. Kun san shi: ya dawo daga Birnin Masana'antu na Biyu, ya cire takalmin aiki, ya zauna gaban talabijin a gidansa na unguwar Al-Suwaidi, yana tuƙa wani ɗan jirgi mai tafiya daga hagu zuwa dama yana harbin dodanni. Tun yana ɗalibi a Kano yake wasan, ni kuwa tun lokacin nake kallo.

Jirgin ba ya juyawa baya, Sule ma ya ɗauki wannan tarbiyya. Ranar da muna cikin mota muka wuce makhraj ɗinmu, wato mafitarmu daga babban titi, na ce ya juya, sai ya ce injiniya ba ya komawa inda ya riga ya wuce. Muka yi sallar la'asar can a hanyar garin Kharj.

Ga tsimi. Wasan na ba mutum manyan bama-bamai don ranar wuya, Sule bai taɓa jefa ko ɗaya ba. Dodanni su kewaye shi, ina cewa, "Jefa mana, Injiniya!" ya ce wannan ba ita ce wuyar ba. Kullum jirgin na tarwatsewa da dukiyarsa cif.

Da kashi na biyu na wasan ya fito, matasanmu suka yi ta yabo, wai zane ya yi kyau, kuma in an kashe ka, daga nan za ka ci gaba. Sule ya ce wannan lalata tarbiyya ce, mutuwar da ba ta mayar da mutum farko ai hutu ce. Ya rantse ba zai taɓa shi ba.

Amma akwai abin da ke cin sa. 'Yarsa Hauwa a nan ta tashi, Larabci ya fi mata sauƙi, hirarsu ba ta wuce gaisuwa, ga shi tana shirin tafiya jami'a. Ita ta kawo sabon wasan, ta nuna masa cewa mutum biyu na iya yi tare. Ya yi kaffarar rantsuwarsa, ya kafa sharaɗi: da Hausa za a yi yaƙin. In ta ce, "Yalla Baba, fog!" sai ya saki jirgin ya faɗi, ya ce, "Ban ji ba, Hajiya." Dole ta ce sama. Kafin ta tafi, sai da na ji ta tana yi masa faɗa da Hausa tsantsa, shi kuwa yana ta murmushi. Daga baya kullum sai ta kira shi.

Allah Ya jiƙan Sule, Ya haskaka kabarinsa, Ya raya masa Hauwa. Ita ce ta gaya mini a wajen ta'aziyya cewa duk dodannin nan ita take kashewa. Wai Baba bai taɓa wuce mataki na biyu ba.