Wayata ta tura wa surukina saƙo

Jama'a, yau wasan ƙwallo ya haɗa ni da surukina!

Na daɗe ina rubutawa ina gogewa, amma na gaji, gara ku ji.

Da safe na kai masara kasuwar Dandume. Na biya wajen mai tura fina-finai, na ce ya sa mini wasan ƙwallon nan da ake bugawa a gidan gem a wayata. Ya sa, wasan ya ƙi tashi. Ya ce sai an ƙara wani fayil da ake cirowa daga na'urar kamfanin da ya yi wasan.

Na ce, "Da izininsu?"

Ya yi dariya. "Haba Malam Idi, suna Japan, kana Dandume!"

Raina bai kwanta ba, amma na bari ya sauko da shi daga wani shafi.

Ina isa gida waya ta ɗau zafi. Sai ga kira. Alhaji ne, baban matata! Mutumin da ko ido ban taɓa haɗawa da shi ba.

"Malam, mene ne ka turo mini, wai in danna in ci kyauta?"

Innalillahi! Ashe fayil ɗin nan ya sa wayar ta tura wa kowa saƙon.

Na ce, "Baba, don Allah kada ku taɓa."

"Ai na danna. Tawa ma ta rikice. Ka zo bayan la'asar ka yi mini bayani."

Da wane baki zan ce masa ƙwallo nake bugawa?

Don Allah wanda ya san yadda ake cire abin nan, da ko laifi ne a hukumance, ya faɗa mini kafin a kira la'asar.