Gaisuwar Mutuwa a Kanya Babba

Kazaure

Ana kiran assalatu na ƙwanƙwasa wa Malam Ramon ƙofa. Shi kaɗai ne malamin kimiyya a makarantarmu, daga ƙasar Filifin aka ɗauko shi lokacin da kuɗin mai ya fara zuba. Kewar gida ta cinye shi, har ya ce ba zai sabunta kwantiraginsa ba, ga ɗalibanmu jarrabawa ta gabato. Ranar kuwa ta tunawa da gwarzon ƙasarsu ce. Akwai wata nas 'yar ƙasarsu a Babura, na ce mu je su yi bikin tare, ko ransa zai yi sanyi. Ya tsinko furannin ƙofar gidansa, ni kuma na sha babbar riga kamar ango.

Achilafiya

A-kori-kura muka shiga, mu da buhunan gyaɗa da akuya. A Achilafiya aka tsaya cin ƙosai, sai wani dattijon Bafulatani da muke mota ɗaya, Harɗo Buba, ya dubi furannin.

"Malam, baƙon nan ina za shi da ciyawa?"

Ni kuwa bakina ba ya ajiye labari. Ramon na faɗa, ina fassarawa, ina ƙara gishiri. Na ce na tunawa da gwarzon ƙasarsu ne, wani likitan ido da har mahaifiyarsa ya yi wa aiki. Ya rubuta littattafai ya tona asirin Turawan Sifaniya masu mulkinsu. Suka fito da shi fili, suka harbe shi ta baya, amma sai da ya juyo ya faɗi yana kallon sama. Mutuwarsa ta ƙara wa tawayen wuta.

"Kai! Namiji!" in ji direba, ya doki sitiyari.

Harɗo ya sauka a Kanya Babba, ya ce, "Ta nan za ku dawo ko?"

Babura

Nas an yi mata canjin wurin aiki zuwa Kano. Ramon ya zauna a dakalin asibiti, furanni sun yi yaushi, tuwon da na saya ko kallonsa bai yi ba. Wallahi har na fid da rai.

Kanya Babba

Da la'asar aka tare motarmu. Tabarmi shimfiɗe a gindin tsamiya, dattawa a jere, mata sun aiko da ƙwaryar fura da nono. Kowa ya zo ya durƙusa: "Sannu da rashi. Allah ya ba da haƙuri."

Sai na gane kuskurena. Ashe ban faɗi yaushe abin ya faru ba! Na raɗa wa Harɗo, "Baba, ai tun kafin Turawa su ci Kano aka kashe shi."

Ya dube ni. "Tun lokacin, akwai wanda ya je daga nan ya yi musu gaisuwa?"

"Babu, Baba."

"To, mu ne muka makara. Zauna ka fassara."

Ramon ya yi ta hawaye, yana shan fura, yana cewa "Amin, na gode" da karyayyiyar Hausarsa. Ni murna kamar in tashi sama.

Kazaure

Bayan magariba muka iso gida lafiya, alhamdu lillahi, kuma ina gode wa mutanen Kanya Babba. A bakin ƙofarsa na yi ta maza na tambaye shi zancen komawa ƙasarsu.

Ya ce, "Harɗo ya ce baɗi za su zo har nan. In na tafi, wa zai karɓi gaisuwar?"