Jimlar da Na Saki Kafin Lokacinta

Har yau ban manta da wata Lahadi da rana a birnin Lyon na Faransa ba, farkon shekarun 2010, lokacin ina sabuwa a wannan aiki namu. Ku da kuka shigo bana kuna yawan tambayata wace rana ce ta fi girgiza ni, to ku saurara.

Ga wanda bai san aikin ba, ga yadda yake. Idan 'yan wasan kwaikwayo suka zo daga wata ƙasa suna wasa da harshensu, akwai allo a saman dandamali da ke nuna fassarar maganarsu da Faransanci. Ba na'ura ce ke sakin rubutun da kanta ba. Mutum ne ke zaune a wani ɗan ɗaki can bayan 'yan kallo, da abin sauraro a kunne, da yatsa a kan maɓalli. Ɗan wasa ya buɗe baki, kai kuma ka saki jimla. Dokar farko da ake koya wa kowa ita ce: kada rubutu ya riga baki. In ka riga shi, mutane za su yi dariya kafin ya faɗi abin dariyar, ka kashe masa wasa ke nan.

Ni 'yar Damagaram ce, na karanta Ingilishi a jami'a a Saint-Denis, kusa da Paris. Ina ɗan taɓa fassara nan da can sai aka kira ni aka ce wata ƙungiya daga Ingila za ta yi mako biyu a Paris, mako ɗaya a Lyon, kuma wanda ya saba yi musu allon ba shi da lafiya. Da na ji sunan babban ɗan wasansu, sai da na zauna a bakin gado. Zan kira shi Mista Wilfred. Duk wanda ya kalli fina-finan yaƙi na da ya san fuskarsa, shi ne mugun hafsan nan mai sanyin murya.

Ranar da muka fara gwaji a Paris, shi da kansa ya hawo matakala har ɗakina, yana haki. Dattijo ne mai shekara saba'in da 'yan kai, dogo, da tsohuwar rigar sanyi mai faci a gwiwar hannu. Ya miƙo hannu ya ce, "Ke ce bakina a garin nan? To mu san juna." Ya ja kujera ya zauna, ya ba ni labarinsa kamar mun daɗe tare. Mahaifinsa ɗan dako ne a tashar jiragen ruwa. Shi kuma yana ɗan shekara goma sha bakwai ya fara da sharar dandamali a wani ƙaramin gari na bakin teku. Ya yi shekara ashirin yana fitowa a matsayin mai kawo shayi ko mai gadin ƙofa, jimla biyu ya koma ciki. Sai da ya haura arba'in fim ya same shi, duniya ta san shi. Ya ce, "Fim ya saya mini gida, amma a dandamali nake numfashi." Ya kuma gaya mini ya taɓa zama a Faransa wata shida yana wani fim, har yanzu yana karanta jaridarsu a hankali, da yatsa.

Wasan labarin wani tsohon direban jirgin ƙasa ne da 'yarsa ta yi fushi ta bar gida. A ƙarshensa kowa ya fita, ya rage shi kaɗai yana magana da kujerar da babu kowa a kai, kusan minti goma sha biyu.

A Paris komai ya tafi daidai, sai dai sau biyu na ji ya tsallake jimla, na bi shi da sauri ba wanda ya lura. Amma Madam Odil ta lura. Ita ce mai kula da tafiyar wasa, daga bakinta ake kunna fitila, ake sauke labule, kuma ita ke rubuta rahoto bayan kowane wasa. A jirgin ƙasa muna tafiya Lyon ta gaya mini a hankali cewa masu shirya wasan sun fara magana. Sun ba shi ɗan abin sa wa a kunne don a riƙa tuna masa, ya ƙi. In ya tsaya cak sau ɗaya a gaban jama'a, za su sa mataimakinsa ya ƙarasa wasan a sauran garuruwan da za su zagaya, kuma a shekarunsa ba mai sake kiransa.

A Lyon ina da kawu, ƙanin mahaifiyata, Kawu Laminu, wanda ya yi shekara talatin a masana'antar sinadarai a Saint-Fons, a gefen birnin, kafin ya yi ritaya. Na kira shi a waya, muka gaisa, na gaya masa wanda nake wa aiki.

Ya ce, "Wane? Mugun nan? Wanda ya sa aka harbe mutanen a gada?"

Na ce, "Shi fa, Kawu."

"Ɗiyata, wallahi ko da rarrafe sai na zo. Ki nemo mini wuri a gaba, ina so in ga idonsa."

Ranar Lahadi da ƙarfe uku ya iso cikin babbar riga fara da hula, kamar mai zuwa ɗaurin aure. Bai taɓa shiga gidan wasa ba. Ina hango hularsa a layi na huɗu.

Wani abu game da wannan zaure: ban da babban allon sama, akwai ƙananan alluna biyu a gefe, an ɗan karkatar da su don mutanen da ke zaune a kusurwa. Wanda ke tsaye a bakin dandamali ta hagu yana iya ganin na dama.

Wasa ya yi kyau ƙwarai. Zaure cike, dariya na zuwa a inda ya kamata, yatsana da bakinsa kamar an ɗaure su da zare ɗaya. Muka shiga ɓangaren ƙarshe. Ya taho bakin dandamali ta hagu, ya dubi kujerar, ya faɗi jimla uku. Sai ya yi shiru.

A wurin akwai shiru na daƙiƙa huɗu, na san shi. Na ƙirga huɗu. Na ƙirga takwas. Na ga hannunsa na dama ya fara lalube a jikin wandonsa. Idonsa ya tashi daga kujerar yana yawo a sama. Babu ɗan wasa ko ɗaya kusa da shi da zai jefa masa kalma. A kunnena na ji Madam Odil ta ce da mai labule, "Ka shirya. In na ce sauke, ka sauke."

Jimlar da ya manta tana gabana a rubuce, ina kallonta. Sai na ga fuskarsa ta juyo wajen ƙaramin allon dama, wanda babu komai a kansa. Ban yi shawara da kowa ba. Na ce bismillah, na danna.

Rubutu ya fito a alluna uku, da Faransanci: "Takalmanki suna nan a bakin ƙofa, ban taɓa su ba."

Madam Odil ta ce, "Me kika yi?" Ni kuwa idona na kan Mista Wilfred. Ina kallon leɓunansa suna motsi, yana karantawa a hankali. Sai ya sunkuyar da kai, ya yi wani ɗan murmushi, ya juya ga kujerar ya faɗi jimlar da Ingilishi, da wata karyayyar murya da ban taɓa ji daga gare shi ba. Daga nan maganar ta ɓalle masa kamar an buɗe famfo. Bai sake tuntuɓe ba har ƙarshe. Mutane sun ɗauka da gangan aka yi, wai tsohon ya kasa furta abin da ke ransa har sai da rubutu ya riga shi. Da fitila ta mutu, zaure ya tashi tsaye gaba ɗaya.

Madam Odil ta shigo ɗakina ta tsaya. Ta ce, "Kin san dole in rubuta a rahoto." Na ce na sani. Ta ce, "Zan rubuta yadda ya faru, ba ragi ba ƙari. Tashi, yana kiranki."

Na tsinci Kawu a bakin ƙofa yana share ido da hannun riga, na ja shi muka tafi tare. Mista Wilfred na zaune gaban madubi, rabin kwalliyar fuskarsa a goge. Yana ganina ya miƙe ya kama hannuwana biyu.

Ya ce, "Faransancinki ya fi Ingilishina gajarta. Rabin jimlar kika ba ni, sauran sai da na ƙago!" Ya fashe da dariya har da tari. Sannan ya natsu ya ce, "Shekara hamsin da bakwai ban taɓa ganin duhu irin na yau ba. Gobe da safe ni zan kira masu shirya wasan da kaina in ce a kawo abin kunnen. Ba zan bar ki da laifin ba."

Kawu ya taɓa ni. "Gaya masa na yi shekara ashirin ina jin haushinsa."

Na fassara. Mista Wilfred ya dafa ƙirji ya rusuna, ya ce ba a taɓa yi masa yabo mai daɗin wannan ba.

Kawu ya ce, "Ki ƙara masa, yau na yafe masa mutanen gadar. Kuma ya nemi yarinyar nan ya ba ta takalmanta."

Dattijon ya yi dariya har ya zauna. Suka ɗauki hoto tare, babbar riga da tsohuwar rigar sanyi, Kawu ya ƙi yin murmushi don kada a ce ya yi rawar kai.

Ya cika alkawari. Washegari shugaban ƙungiyar ya kira ni, ya ja mini kunne na minti ɗaya, sannan ya tambaye ni ko ina da fasfo mai aiki, domin suna so in bi su sauran garuruwan. Mista Wilfred ya ƙara shekara biyu a dandamali da ɗan abin nan a kunnensa, ya sauka da ƙafarsa a ranar da shi ya zaɓa.

Dokar tana nan, kuma ni nake koya muku ita: kada rubutu ya riga baki. Tun daga ranar ban sake karya ta ba, ko sau ɗaya. Amma abin da na koya shi ne, wanda ya kafa idonsa a kan rubutu kawai bai iya aikin nan ba tukuna. Mutum ne ke tsaye can a cikin haske, komai girman sunansa, kuma yana iya jin tsoro kamar kowa. Ku san numfashinsa, ku san tsawon shirunsa, ku san inda idonsa ke zuwa in ya rikice. Yanzu kowa ya koma kan maɓallinsa, mu sake daga farko.