Injin da Baba Ya Kawo Daga Ƙaura

Jirgin ƙasa bai taɓa zuwa Shagari ba, amma a gidanmu akwai injinsa. Mahaifina ya yi aikin reluwe a Ƙauran Namoda, inda layin dogo ya ƙare. Bai taɓa jan jirgin fasinja ba. Nasa ƙaramin kan jirgi ne mai shan dizal, wanda ba ya fita tasha. Aikinsa tura taragu, ya raba na gyaɗa da na auduga, ya jera su kafin babban jirgi ya zo ya ɗauka.

Baba yakan siffanta mana shi. Ƙafa huɗu gare shi, gajere ne kamar an datse shi, sarƙa ce ke juya ƙafafun. Ɗakin direba yana baya, da taga ta kowane ɓangare, domin rabin aikin da baya-baya ake yi. An shigo da irinsu daga Turai lokacin da aka fara ajiye jirage masu gawayi. Ba su da gudu, mai keke ma sai ya wuce su, amma an cika cikinsu da ƙarfe don su kama dogo.

Da jirage suka daina zuwa, aka yi gwanjon nasa. Masu sayen ƙarfe suka yanka gangar jikin, Baba ya karɓi injin, ya ɗoro shi a mota har gida. Ya kafa shi a rumfar kwano, ya ja masa dogon bel zuwa injinan niƙa biyu. Yayana ne ke tayar da shi.

Ni a Boɗinga nake aure, nakan je duba su. Ana saura kwana uku Babbar Salla na je da buhun gero. Tun daga bakin titi na ga hayaƙin rumfar ya yi shuɗi, ba baƙin da na sani ba. Na tarar da Baba a zaure ya karkata kai yana saurare, bai ko amsa gaisuwata sosai ba.

Ya aika aka kira yayana, ya ce, "Baƙin mai nawa ka ƙara mai satin ga?"

"Galan biyu, Baba."

"Ka ga ya zuba ƙasa?"

"A'a."

"To shanye shi yakai. Kashe shi, kak ka sake tashe shi sai na buɗe."

Yaya ya kashe. Amma mata sun yi layi da kwanoni har bakin masallaci, kowa na son garin Salla. Bayan azahar, Baba na kishingiɗe, muka ji injin ya tashi.

Da farko yana bugawa yadda ya saba. Sai sautin ya fara hawa. Na fito da gyale a hannu. Hayaƙi fari ya turnuƙe rumfar, kwanon rufin yana karkarwa, ƙasa na motsi a ƙarƙashin ƙafata. Mata suka watse, gari ya zube a hanya. Yaya ya fito idanunsa jajur.

"Na rufe dizal! Wallahi na rufe, ya ƙi mutuwa!"

Daga baya na fahimci abin da ya faru. Injin ya tsufa, baƙin man da ke cikinsa yana haurawa sama, shi yake ƙonawa. Ba ya buƙatar dizal, kuma gudunsa zai yi ta ƙaruwa har ya tarwatse.

Baba ya fito ba hula. Gwiwarsa ta daɗe da lalacewa, don haka a hankali yake tafiya. Ya tuɓe babbar rigarsa ya miƙo mini, ya ɗauki guntun katakon da mata ke zama a kai.

Na ce, "Baba, don Allah kak ka shiga."

Ya ce, "Ja mutane baya, ɗiyata."

Hayaƙi ya rufe shi. Bel ya tsinke, ya fasa kwano ya faɗo kusa da ni. Ban san tsawon lokacin da na tsaya ina salati ba. Can ƙarar ta shaƙe, ta yi ƙasa, ta tsaya. Ashe katakon ya danna a bakin bututun da injin ke shaƙar iska, ya riƙe har injin ya mutu.

Ya fito hannunsa na dama ya sale, kunnensa ɗaya na jini. Bai yi wa yaya faɗa ba. Ya sa kwaɗo a rumfar, ya jefa makullin a aljihu. Kunnen bai sake ji ba har Allah Ya karɓi ransa bara.

Ranar Juma'ar da ta wuce yaya ya kira ni a waya. Ya ce ya samo wani makanike a Sakkwato da ya ce gyaran ba wuya. Na tambaye shi ko mutumin ya taɓa aikin injin jirgi. Ya ce inji ai inji ne, kuma Lahadin nan mai zuwa za su zo su buɗe rumfar.